Ba kowane yaron da ya ƙi gaisuwa ba ne marar tarbiyya

Wani abu na gani a gidan suna a nan Gusau da har yanzu in na tuna raina ɓaci yake yi. Tsakar gida cike da mata, wani yaro da bai wuce shekara huɗu ba yana can gefen randa shi kaɗai ya jera murafun lemo a layi, jajaye a gefe koraye a gefe, bai kula kowa ba. Wata dattijuwa ta kira shi ya zo ya gaishe ta, ko waiwaye bai yi ba, ta sake kira, shiru. Ana cikin haka aka kunna lasifika mata suka rangaɗa guɗa, sai yaron nan ya toshe kunnuwansa da hannu biyu ya durƙushe yana ihu yana jijjiga jiki gaba da baya. Dattijuwar ta ciro takalmi. "Wanga yaro ba shi da tarbiyya, uwatai ta ɓata shi." Wata daga bayanta ta ce, "A'a Gwaggo, iska ce, a kai shi a yi mai ruƙiyya." Uwar yaron yarinya ce ƙarama, ta sungumi ɗanta ta shige ɗaki, har aka watse ba ta sake fitowa ba.

Likita ne kawai zai yanke abin da ke damun wannan yaro bayan ya duba shi. Amma abin da na gani ya isa a ce a kai shi wajen likitan, kuma cikin matan da suka cika gidan nan babu bakin da ya furta kalmar asibiti. Ra'ayina a nan shi ne: yaron da ya kai shekara biyu ba ya waiwayowa in an kira sunansa, ba ya nuna abu da yatsa, ba ya shiga wasan yara, asibiti yake buƙata tun da wuri. Duka ba ya gyara shi, hayaƙi ba ya gyara shi, kuma zagin uwarsa zalunci ne.

Mene ne abin?

Otizim ake kiran lalurar, a rediyo za ka ji ana cewa galahanga. Bambanci ne a yadda ƙwaƙwalwar yaro ke ginuwa, wanda yake fara bayyana cikin shekara biyu zuwa uku na farko, kuma mutum yana rayuwa da shi har tsufa. Inda ya fi taɓawa biyu ne. Na farko mu'amala da mutane, wato magana, haɗa ido, gane abin da fuska ko murya ke nufi. Na biyu kuma maimaita abu ɗaya, da ƙin canji, da jin ƙara ko haske ko taɓi fiye da yadda sauran mutane ke ji. Wani likita a Amurka mai suna Leo Kanner ne ya bayyana shi a 1943 bayan ya bibiyi yara 11. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta kusan yaro 1 cikin 100 yana da shi, kuma an fi gano shi a maza, kusan ninki huɗu na mata.

Kuma mataki-mataki ne. Akwai wanda ba zai taɓa yin magana da baki ba, akwai wanda zai yi digiri ya yi aure amma hirar majalisa ta gagare shi.

Abin da nake so iyaye su riƙe shi ne, jinkirin magana kaɗai ba shi ne babbar alama ba. Ki lura da yaron da bakinsa bai buɗe ba amma lafiyarsa lau: in jirgi ya wuce zai ɗaga yatsa ya nuna, sannan ya juyo ya kalli fuskarki don ya ga ko kin gani, zai kawo miki ƙwaro ko tsinke ya nuna miki, in babansa ya ta da sallah zai tsaya gefe yana kwaikwayon ruku'u da sujada, yarinya kuwa za ta goya takalmi ta ce ɗanta ne ta ɗora gwangwani a kan duwatsu tana girkin ƙasa. Wannan duk magana ce ko da ba a furta kalma ba. Mai otizim sau da yawa wannan ɗin ne babu. In yana son ruwa zai kama hannunki ya ja ki har bakin randa ya ɗora hannun a kan murfi ba tare da ya kalle ki ba. Ki kira sunansa ya yi kamar kurma, amma a buɗe ledar biskit a ɗaki na biyu sai ga shi. Wani ma ya fara cewa "Inna", "ruwa", sai wajen wata 18 zuwa shekara biyu kalmomin su ɓace.

Al'adarmu tana rufe alamun

Wannan ne wurin da ya fi damuna, domin abubuwan da muke yabo a wajen yaro su ne wasu daga cikin alamun.

Jaririn da za a ajiye shi a tabarma ya wuni bai nemi kowa ba, cewa muke yi yaron nan akwai haƙuri, ba ya rigima. Yaron da ba ya kallon babba cikin ido mu a wajenmu ladabi ne. Yarinyar da ba ta shiga cikin mutane, tana rakuɓe a lungu, mai kunya ce, har addu'a ake yi a samu irinta. In kuma ɗan fari ne, ga alkunya, uwar ba ta kiran sunansa ba ta wasa da shi a gaban mutane, to yaushe za ta gane ba ya amsa sunan? Ba ina cewa alkunya ce ke kawo lalurar ba, ko kusa, ina cewa tana sa a daɗe ba a lura ba.

Sai ya kai shekarun da ake jiran ya durƙusa ya ce ina kwana, a nan ne labari ke canzawa. Yaron da aka yi ta yabo jiya, yau ya zama mai taurin kai. Ka ce masa "kana son ruwa?" ya ce maka "kana son ruwa?", sai a kai masa mari a ce kwaikwayon manya yake yi, alhali maimaita abin da aka ji hanya ce da yawancinsu ke bi wajen koyon magana. Akwai wanda zai karanto maka surori daga izifin Amma tas da muryar mai karatun da yake ji a waya, ko tallar rediyo daga farko har ƙarshe, amma ya kasa cewa cikinsa na ciwo. Wasu su ce baiwa ce, wasu su ce aljani ne ke magana a bakinsa. Kuma ihun da yake yi a gidan biki ba iskanci ba ne, kunnensa ne ke jin lasifikar nan kamar an zaunar da kai gindin injin niƙa an hana ka tashi.

"Aljanu ne"

Na san wannan ita ce magana ta farko da za a yi min. Ni Musulma ce, ban musanta aljanu ba, ban hana kowa yi wa ɗansa addu'a ba, a tofa masa Falaƙi da Nasi safe da yamma, a roƙi Allah ya buɗe bakinsa. Wa ya ce addu'a da asibiti ba sa haɗuwa? In zazzaɓin cizon sauro ya kama yaro ai muna yin duka biyun.

Abin da na ƙi shi ne a rufe yaro da bargo a turara masa hayaƙi yana shaƙewa, a zane shi da bulala a ce aljanin ake duka, a ɗaure masa ƙafa da turu a bayan gida. Yaron da ƙarar guɗa kaɗai ke sa shi durƙushewa, ku auna halin da zai shiga in ƙarti suka danne shi ana masa tsawa a kunne. Ba mu manta abin da aka gani a 2019 ba, lokacin da 'yan sanda suka buɗe gidajen mari a Rigasa ta Kaduna da kuma Daura, aka fito da ɗaruruwan mutane, wasu da sarƙa a ƙafa, har da ƙananan yara. Yawancinsu iyayensu ne suka kai su da hannunsu, da niyyar gyara.

Wani abu kuma, farfaɗiya ta fi yawa a masu otizim fiye da sauran yara. Sai yaro ya faɗi yana kumfa a ce "kun gani ko, sun tashi", alhali farfaɗiya tana da magani a asibiti.

"Mu da munka tashi ba mu san wanga ciwo ba, na Turawa ne"

Sunan ne ba mu sani ba. Amma kowa ya tuna unguwarsu ko ƙauyensu, akwai wanda ake kira dolo, ko gaula, ko bebe, wanda yara ke bi suna jifa, wanda kullum yake zaune wuri ɗaya yana kaɗa hannu. Ba duka ne masu otizim ba, amma suna ciki. A Amurka alƙaluman da hukumar yaƙi da cututtuka ta ƙasar ta fitar a 2025 sun nuna yaro 1 cikin 31 'yan shekara takwas, kuma babban dalilin da ya sa nasu ya yi yawa shi ne suna nema, ana tantance yara tun suna wata 18 da wata 24. Mu ba ma nema.

Game da sanadi kuwa, bincike a kan tagwaye da iyalai ya nuna gado ne ya fi rinjaye, kusan kashi 80 cikin 100. Kafin wani ya ce "daga danginta ne", gadon ta ɓangare biyu yake zuwa, kuma yawan shekarun uba lokacin haihuwa yana cikin abubuwan da ke ɗan ƙara yiwuwar, haka nan haihuwar bakwaini. Turawan ma sun yi wannan zaluncin, a shekarun 1950 da 1960 likitocinsu uwaye suka ɗora wa laifi, wai rashin nuna ƙauna ne, daga baya bincike ya rushe maganar. Mu har yau ana sakin mace ko a yi mata gori a gaban kishiya saboda ta haifi irin wannan yaro.

"Allurar rigakafi ce"

Wannan maganar tana yawo a WhatsApp kuma tana da haɗari a wajenmu fiye da ko'ina. Asalinta wani likita ne a Ingila, Andrew Wakefield, da ya wallafa wani bincike a wata mujallar likitoci a 1998 a kan yara 12 kacal yana danganta allurar ƙyanda da otizim. An gano akwai maguɗi a ciki, mujallar ta janye shi a 2010, shi kuma aka soke lasisinsa. A Denmak an bibiyi yara sama da 650,000, sakamakon ya fito a 2019, babu wata alaƙa. Abin da ke ruɗa iyaye shi ne lokacin da ake yin allurar shi ne lokacin da alamun suke fara fitowa dama, ko an yi ko ba a yi ba. Mun riga mun ɗanɗana kuɗar irin wannan jita-jita a 2003 da aka dakatar da rigakafin shan-inna a wasu jihohin Arewa har da Zamfara, yara suka shanye. Ƙyanda kuwa kashe yara take yi.

"Ƙyale shi, kawunai sai da yash shekara biyar kahin yay yi magana"

Gaskiya ne wasu yaran suna jinkiri su zo su buɗe baki lafiya lau. Amma me aka yi asara in an kai shi an duba aka ce ba komai? Kuɗin mota da na kati. In kuwa akwai wani abu kuma aka zauna jira, shekarun da ƙwaƙwalwa ta fi saurin koyo su ne suke wucewa.

Kuma mu a Zamfara muna da ƙarin dalili, domin ba otizim kaɗai ke hana yaro magana ba. Sanƙarau yana kurmantar da yaro, kuma jiharmu ce ta fi shan wahala a annobar 2017. Zazzaɓin da ya taɓa ƙwaƙwalwa yana barin tabo. Ga gubar dalma, wadda a 2010 ta kashe yara sama da 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum saboda dakan dutsen zinare a cikin gida, waɗanda suka tsira da yawa ta taɓa musu ƙwaƙwalwa. Kowanne da hanyar da ake bi da shi. Shi ya sa abu na farko gwajin ji ne, in kuma daga yankin haƙar zinare yaron yake a nemi gwajin jini. Gwaggo a tsakar gida ba za ta iya bambance waɗannan ba, ni ma haka.

"To tunda ba shi da magani, mi za a je yi asibiti?"

Wannan ce tambayar da ta fi nauyi, kuma mai yin ta yana da hujja. Mutumin da 'yan bindiga suka raba da gonarsa, yana zaune a kangon wani a Gusau yana neman abin da za a ɗora a wuta, ka zo kana masa maganar ƙwararren koyar da magana? Ƙwararrun ma 'yan kaɗan ne a ƙasar nan, yawancinsu suna Legas da Abuja, kuɗinsu kuma ba na talaka ba ne. Kuma gaskiya ne babu ƙwaya ko allura ko jiƙo da ke warkar da otizim. Duk wanda ya fito a Facebook ko TikTok da kwalba ya ce nasa yana warkarwa cikin wata ɗaya, kuɗinki yake so.

Duk da haka zuwan yana da amfani. Likitan yara a Cibiyar Lafiya ta Tarayya da ke Gusau, ko asibitin koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo a Sakkwato, ko asibitin ƙwaƙwalwa na Kware, zai duba ji, ya duba farfaɗiya, ya taimaka da matsalar barci. Sannan ranar da aka ce wa uba "lalura ce, ba gangan yake yi ba", sau da yawa ranar ce bulala ke sauka. Wannan kaɗai ya isa dalili.

Sauran aikin kuwa a gida yake, kuma ba ya cin ko sisi. Ki zauna ƙasa daidai tsayinsa, in murafu yake jerawa ki ɗauko naki ki jera tare da shi maimakon ki watsar. Ki rage tsawon magana, "ruwa", "zo", "ƙari". In ya ja ki bakin randa ki ɗebo ki riƙe kofin kusa da fuskarki ki ɗan dakata, in ya kalle ki ko ya yi wani sauti ki ce "ruwa" ki ba shi nan take. Wanda baki ya ƙi, a koya masa nuni da hannu ko da hoto, hoton kofi, na buta, na kwano, wannan ba ya hana magana zuwa. A tsara masa yini iri ɗaya, in za a canza a gaya masa tun kafin lokaci. In za a je biki a nema masa ɗakin da babu hayaniya. A rage miƙa masa waya ya wuni yana kallo, lokacin da ya kamata ya yi da mutane take cinyewa. Hukumar Lafiya ta Duniya ma tana da wani shiri na horar da iyaye irin waɗannan dabaru, wanda aka tsara shi musamman don wuraren da babu ƙwararru.

Kuma don Allah a rufe rijiya. Yaran nan da yawa suna sulalewa su fice ba tare da tsoron komai ba, ruwa yana jan su, ga kududdufai da damina, ga titi. Maƙwabta su san halinsa, mai shagon bakin layi ya san in ya gan shi shi kaɗai ya riƙe shi. Kada a tura irin wannan yaro almajirci wani gari inda babu wanda ya san yadda yake faɗin yunwa. 'Ya mace kuwa a ninka sa ido, domin mugaye sun san ba za ta iya ba da labari ba, kuma aure ba magani ba ne.

Akan kawo misalin Temple Grandin, Ba'amurkiya mai otizim da ba ta yi magana ba sai da ta wuce shekara uku, ta zama farfesar kimiyyar dabbobi, tsarin da ta zana na bi da shanu ya bazu a mayankun ƙasarsu. A nan gida ma ga Kanyeyachukwu Tagbo-Okeke, matashin da ya shiga kundin Guinness da zanen da ya wuce murabba'in mita 12,000, aka baje shi a Abuja ranar 2 ga Afrilun 2025, ranar da Majalisar Ɗinkin Duniya ta ware don wannan lalura. Ina jin daɗin labarinsu, amma ina tsoron a sa wa iyaye rai cewa kowane yaro akwai wata baiwa a ɓoye. Kusan kashi ɗaya cikin uku suna da raunin fahimta, wasu za a kula da su har ƙarshen rayuwa. Wanda nasararsa ita ce ya koyi kama ruwa da kansa ko ya ce "Inna" yana shekara bakwai, shi ma ɗa ne, haƙƙinsa bai ragu ba.

Malaman firamare da na Islamiyya su ne na biyu bayan iyaye. Yaron da ya kasa zama cikin aji, yake toshe kunne in an ɗauki karatu da ƙarfi, yau a zane shi gobe a ce wa uwar ta riƙe abinta. Tun Janairun 2019 aka sa hannu a dokar hana nuna wa masu buƙata ta musamman wariya a Najeriya, kuma ilimi yana ciki, amma malamin da ke da yara sama da ɗari a aji ba a taɓa koya masa ko alama ɗaya ba, me zai yi? Horon kwana biyu ma zai rage ɓarna.

Abin da nake roƙon ma'aikatar lafiya ta jiha kuwa ƙarami ne. Uwaye suna kawo yara rigakafin ƙyanda a wata 9, su dawo zagaye na biyu a wata 15. Ma'aikaciyar da ke riƙe da katin nan ta ƙara tambaya uku kafin ta miƙa shi: yana waiwayowa in kin kira sunansa? Yana kallon fuskarki yana mayar miki da murmushi? Ya fara nuna abu da yatsa ko miƙo miki abu? In amsar a'a ce ta rubuta a katin, ta ce a dawo bayan wata uku, in har lokacin babu canji ta tura su wajen likitan yara.